Kalma Ɗaya a Kundin Haraji: Rikicin Sauya Sunan Fadamun Shinkafa a Kerala ta Indiya

A jihar Kerala da ke kudu maso yammacin Indiya akwai wata kalma ta harshen Malayalam wadda ta hana kotuna sakat shekara da shekaru. Kalmar ita ce nilam, wato ƙasa mai ruwa da ake noman shinkafa a cikinta. Kishiyarta ita ce purayidam, ƙasar tudu da ake gina gida a kai ko a dasa itatuwa. Bahaushe zai ce fadama da tudu, ko da yake fassarar ba ta cika cif ba, domin fadamarmu takan karɓi rake da albasa da alkama, ita kuwa nilam da shinkafa aka ɗaura mata aure. Kowane fili a Kerala yana ɗauke da irin wannan suna a kundin harajin ƙasa na gwamnati. Wanda aka rubuta wa nilam, da wuya ya sami izinin gini, banki kan yi ɗari-ɗari da karɓar filinsa jingina, mai saye kuma yakan karya masa farashi. Wanda aka rubuta wa purayidam bai san wannan wahala ba, ko da kuwa katanga ɗaya ce ta raba shi da maƙwabcinsa. Saboda haka mutane dubu ɗaruruwa suka miƙa takardun neman a sauya musu wannan kalma, waɗanda aka ƙi ko aka yi wa jinkiri kuma suka nufi kotu.

Ra'ayin da wannan maƙala take son kafawa shi ne, tushen rikicin yana cikin nauyin da aka ɗora wa kalmar. An sa ta ta yi aiki biyu a lokaci guda: ta faɗi yadda ƙasa take, ta kuma faɗi abin da aka yarda a yi da ita. Muddin suna ɗaya ne yake ɗauke da bayani da hukunci, to duk mai neman gyaran kuskure za a zarge shi da neman izini ta bayan gida, duk mai neman izini kuma zai sa rigar mai neman gyara. Masu nazarin harshe sun fi kowa sanin wannan matsala, domin sun daɗe suna rarrabe maganar da take bayyana abu da maganar da take aikata shi.

Kafin a kai ga kotu, ya kamata mai karatu ya san inda kundin ya samo asali. An kafa jihar Kerala a ranar 1 ga Nuwamba 1956 daga masarautun Travancore da Cochin da kuma yankin Malabar da Turawan Ingila suke mulka daga Madras. Kowane ɓangare ya zo da nasa awon filaye, wanda aka yi a ƙarshen ƙarni na 19 da farkon na 20, kuma manufar awon ita ce haraji. Ma'aunin ƙasa na wancan zamani ya duba fili ya ga ruwa da shinkafa, ya rubuta abin da ya gani, ya wuce. Bai yi zaton jikokin mai filin za su wayi gari alƙalaminsa ne yake yanke musu ko za su gina ɗaki ba. An fara sabon awo a 1966, ba a kammala ba, har aka ƙaddamar da wani awon na zamani da na'urori a Nuwamba 2022. A tsakanin waɗannan shekaru ƙasar ta sauya kama, takardar kuwa tana nan inda aka bar ta.

Sauyin ba ƙarami ba ne. A tsakiyar shekarun 1970 Kerala tana noma shinkafa a wajen hekta dubu 880. A 'yan shekarun nan abin ya dawo wajen hekta dubu 200. Dalilan ba ɓoyayyu ba ne. Gyaran dokar mallakar ƙasa da ya fara aiki a 1970 ya rarraba filaye ƙanana-ƙanana a hannun mutane da yawa. Ladan lebura ya yi tsada fiye da na jihohin da ke maƙwabtaka da ita, har noman shinkafa ya daina biyan wahalarsa, alhali kwakwa da roba da ayaba suna kawo kuɗi ba tare da neman hannaye masu yawa ba. Sannan kuɗin 'yan ci-rani da suke aiki a ƙasashen Larabawa na yankin Gulf suka fara kwarara, kuma burin farko na ɗan ci-rani shi ne gida. A jihar da ƙidayar 2011 ta nuna tana da mutum fiye da miliyan 33 a kan faɗin ƙasa da bai kai murabba'in kilomita dubu 39 ba, ga duwatsu da dazuzzuka sun cinye gabashinta, filin gini mai araha shi ne fadama. Tifa ta kwaso jar ƙasa daga tudu ta zube a kwari, a dasa kwakwa, a jira shekara biyar, a haƙa harsashi. Yau mafi yawan shinkafar da mutanen Kerala suke ci daga wasu jihohin ake kawo ta.

Gwamnati ta yi yunƙuri biyu. Na farko shi ne umarnin amfani da ƙasa na 1967, wanda aka fitar a lokacin ƙarancin abinci, ya hana a mayar da gonar abinci wani abu dabam sai da izinin babban jami'in gunduma. Umarnin ya fi ƙarfi a takarda. Na biyu shi ne dokar kare fadamun shinkafa da dausayi, wadda ta fara aiki ranar 12 ga Agusta 2008, a zamanin babban minista V. S. Achuthanandan, mutumin da tun a shekarun 1990 ya jagoranci ƙungiyar leburorin gona suna sare amfanin da aka dasa a fadamun da aka cike a yankin Kuttanad. Dokar ta haramta cike fadama daga wannan rana, ta bar ƙofa ƙunƙuntacciya ga wanda ba shi da wani wurin gina gida: sent 10 a karkara, sent 5 a birni. Sent ɗaya kashi ɗaya ne cikin ɗari na eka, don haka sent 10 bai kai fuloti ɗaya mai ƙafa 50 a 100 ba. Ma'anar da dokar ta ba fadamar shinkafa tana da faɗi: ta haɗa da wadda ake nomawa aƙalla sau ɗaya a shekara, da wadda ta dace da noman amma aka bar ta ta yi saura, har da magudanan ruwa da tafkuna da shingayen ƙasa da ke tare ruwa a cikinta.

Abin da dokar ta ƙirƙiro, wanda daga baya ya zama uwar shari'o'i, shi ne rumbun bayanai. An ɗora wa wani kwamiti a kowace ƙaramar hukuma, wanda ya ƙunshi shugaban majalisar wurin da jami'in gona da jami'in ƙauye da wakilan manoma, alhakin lissafa filayen da suke fadama a ranar da dokar ta fara aiki. Tunanin mai kyau ne: a ajiye tsohon kundin haraji gefe, a je a duba ƙasa da ido. Ƙorafin da aka fi yi, wanda yawan ƙararrakin da suka biyo baya ya ƙarfafa, shi ne a wurare da dama an kwafo tsohon kundin ne aka zuba a sabon rumbu. Gidajen da aka gina shekara 30 kafin dokar suka tsinci kansu cikin jerin gonakin shinkafa, wasu fadamu na gaskiya kuma suka zame daga jerin. Maimakon takarda ɗaya mai kuskure, sai aka sami biyu, kuma mai fili yana iya kuɓuta daga ɗaya ya maƙale a ɗayar.

Da farko Babbar Kotun Kerala ta ɗauki hanya mai sauƙin fahimta. A hukunce-hukunce da dama ta ce halin da ƙasa take ciki a zahiri shi ne abin dubawa, abin da aka rubuta a kundi ba ya mayar da tudu fadama. Bisa wannan ta riƙa umartar jami'in harajin da ake kira tahsildar da ya gyara kundi. A watan Maris na 2015 Kotun Ƙolin Indiya ta taka wa wannan hanya birki a wata shari'a da ta taso daga ofishin Fort Kochi. Filin da ake magana a kai ya daɗe da zama tudu a tsakiyar gine-gine, amma kundi yana cewa nilam. Kotun ta ce ikon da dokar harajin ƙasa ta 1961 ta bayar na gyara kuskure yana nufin kuskuren da aka yi wajen rubutu. Idan kuwa rubutun daidai ne a ranar da aka yi shi, daga baya mutum ya cike fadamar, to babu kuskuren da za a gyara; akwai sauyi, shi kuma sauyi yana da ƙofarsa, wato umarnin 1967 ko dokar 2008.

A ganina Kotun Ƙoli ta yi daidai, kuma ta yi daidai ne a fagen ma'ana tun kafin fagen doka. Gyara da sauyi kalmomi biyu ne. Hausawa sun ce gyara kayanka bai zama sauke mu raba ba, sai dai a wannan sha'ani sau da yawa ya zama. Da an bar hanyar farko a buɗe, da dabarar ta bayyana ga kowa: ka cike fadama da dare, ka jira ciyawa ta fito, ka je kotu da hoton wurin ka ce takarda ta saɓa wa zahiri. Hukuncin da yake bin zahiri ido rufe yana saka wa wanda ya fi saurin sauya zahirin ne. Duk da haka hukuncin na 2015 ya bar baya da ƙura. Ya rufe ƙofar gyara ga mai wayo, ya kuma rufe ta ga wanda kakansa ne ya cike wurin tun yana cikin zanen goyo, ko wanda ya sayi gida ginanne da takardun da babu wanda ya ce masa suna da aibi. Waɗannan su ne masu yawa, kuma su ne marasa lauya.

Majalisar jihar ta amsa da kuɗi. A 2015 an shigar da wani sashe da ya ba da damar halatta tsofaffin ciko idan aka biya kashi 25 cikin ɗari na ƙimar da gwamnati ta yanke wa filin. Gwamnatin da ta zo a 2016 ta soke shi. Sai kuma gyaran dokar na 2018, wanda aka mayar da aikinsa baya zuwa 30 ga Disamba 2017, ya kawo sashe na 27A. Wannan sashe ya shafi filin da kundin haraji yake kira nilam amma ba ya cikin rumbun bayanai. Mai irin wannan fili zai cika fom na 6 ya kai wa jami'in yanki, ya biya kuɗi, a ba shi izinin amfani da filin ta wata hanya, sannan a sauya kundi. Wanda kuwa aka sa filinsa cikin rumbun bisa kuskure, sai ya fara cika fom na 5 a cire shi, kafin ya shiga layin fom na 6. Wanda zai iya tabbatar da cewa an cike filinsa kafin 4 ga Yuli 1967 ba ya biyan komai. Tun daga Fabrairu 2021 an yafe kuɗin ga filin da bai wuce sent 25 ba, wato rubu'in eka. Daga nan zuwa eka ɗaya kashi 10 cikin ɗari na ƙimar filin, abin da ya haura eka kuma kashi 20.

Kowane ɗaya daga cikin waɗannan layuka ya haifi nasa jerin ƙararraki. Mutumin da yake da sent 30, shin zai biya a kan sent 5 da suka haura ne ko a kan duka 30? Babbar Kotu ta ce a kan rarar kawai. A Fabrairu 2025 Kotun Ƙoli ta soke wannan fahimta, ta ce rangwamen na masu ƙananan filaye ne, wanda ya wuce iyakar zai biya a kan filin baki ɗaya. Ta fuskar fassarar doka hujjar tana da ƙarfi, domin sassauci a sha'anin kuɗin gwamnati a ƙuntace ake karanta shi. Ta fuskar rayuwa kuwa, an sami wani dutse a tsakiyar hanya: mai sent 25 ya wuce kyauta, mai sent 26 ya biya a kan 26. Gwamnati da kanta ta san abin da irin wannan iyaka take jawowa, shi ya sa ta hana rangwamen ga filayen da aka yayyanka bayan ƙarshen 2017.

Inda shari'a ta fi yawa shi ne fom na 5, kuma a nan ne mai nazari zai fi samun abin lura. Tambayar da jami'i zai amsa ita ce: yaya wannan fili yake ranar 12 ga Agusta 2008, kuma ya dace da noman shinkafa a ranar? Tambaya ce game da jiya, ana yin ta yau, a kan ƙasar da ta sha damina fiye da goma sha biyar. Ƙa'idojin dokar sun ba jami'in zaɓi biyu, ya je ya duba da kansa ko ya nemi hotunan tauraron ɗan'adam daga cibiyar jihar mai kula da wannan aiki. Sau tari jami'in kan ɗauko rahoton jami'in gona ya kwafa, ya rubuta an ƙi. Babbar Kotu ta soke irin wannan umarni ba sau ɗaya ba ba sau ɗari ba, tana nanata cewa dole jami'i ya yi nasa binciken ya faɗi dalilinsa, kuma kasancewar fili a kwari ko kwanciyar ruwa a cikinsa da damina bai isa shi kaɗai ya mayar da shi gonar shinkafa ba. Sai a mayar wa jami'in takardar ya sake dubawa. Mai fili ya kashe kuɗin lauya, ya ci nasara, ya koma layin da ya baro.

Ban ga laifin jami'in gaba ɗaya ba. Idan ya ƙi, mafi munin abin da zai same shi shi ne kotu ta ce ya sake; idan ya amince kuma ta bayyana fadama ce ta gaskiya, zargin cin hanci yana jiran sa. Jami'ai 27 ne kacal suke da wannan iko a duk jihar, har sai da aka gyara doka aka ba wasu mataimakan jami'an gunduma irinsa daga Yuli 2024. Kafin nan, a Fabrairu 2022, wani masunci a kusa da garin Paravur na gundumar Ernakulam ya kashe kansa bayan ya gaji da zirga-zirgar ofisoshi yana neman a sauya sunan ɗan filin da gidansa yake kai, domin ya jinginar da shi ya biya bashi. Mutuwarsa ta girgiza jihar, aka shirya zaman gaggawa na rage takardun da suka taru. Fadama nawa aka ceta da shekarar da aka sa shi jira? Ko taku ɗaya. Gida ne a wurin.

A ɗaya gefen kuma akwai masu babbar ƙofa. A Aranmula, bakin kogin Pampa, wani kamfani ya so gina filin jirgin sama a kan fadamu da dausayi, an kuma riga an cike wani ɓangare. Mazauna wurin da 'yan gwagwarmaya, cikinsu har da marubuciyar waƙoƙi Sugathakumari, suka tashi tsaye, kotun muhalli ta ƙasa ta soke izinin aikin a Mayu 2014, Kotun Ƙoli ta ƙi tayar da shi, aka sake shuka shinkafa a wani sashe na wurin a 2016. Wannan nasara ce, amma ta ci shekaru da taron jama'a. A Keezhattur ta gundumar Kannur labarin ya sha bamban. Manoman da suka kira kansu Vayalkilikal, wato tsuntsayen fadama, sun yi zaman dirshan a 2017 da 2018 don hana babbar hanya ratsa gonakinsu, hanyar kuma ta ratsa. Dokar 2008 ta bar wa gwamnati ikon ba da izinin cike fadama don amfanin jama'a, gyaran 2018 kuma ya sassauta sharuɗɗan. Ba na cewa kada a gina hanya. Abin da nake cewa shi ne dokar da take auna talaka da sent, take auna manyan ayyuka da kalmar amfanin jama'a, ta sa ma'auni biyu a kasuwa ɗaya.

Masu goyon bayan tsarin biyan kuɗi suna da hujjar da bai kamata a raina ba. Sukan ce filin da aka cike tun kafin 2008 ba zai koma fadama ba, rushe unguwanni ba abin yi ba ne, gara a karɓi wani abu a hannun mai shi a zuba cikin noma. Dokar ma ta tanadi asusu na musamman don bunƙasa noma da farfaɗo da fadamu, wanda kuɗin ya kamata su shiga. Sai dai a ƙarshen 2024 Babbar Kotu ta tarar cewa kuɗin da aka tara, fiye da rupi biliyan 15, baitulmalin gwamnati suka tafi, abin da ya isa asusun kaɗan ne, har ta ba da umarnin a mayar da su. Daga nan hujjar ta yi rauni. Gwamnatin da take samun kuɗin shiga daga sauya sunan fadama ta zama mai ruwa da tsaki a cinikin da aka ɗora ta ta sa wa ido. Ga kuma abin da tsarin yake koya wa mai kallo. Wanda ya karya umarnin 1967 ya sami halasci a 2018 da kashi goma ko ashirin. Me zai hana wanda yake tunanin karya dokar 2008 ya yi lissafin cewa tasa afuwar tana tafe? Wanda ya bi doka ya ci gaba da noma kuwa, tun 2020 gwamnati tana ba shi ladan riƙe fadama, wanda aka fara da rupi dubu 2 a kowace hekta a shekara. A ajiye wannan kusa da abin da sent ɗaya na filin gini yake kawowa a bakin titi, a ga wanne zai rinjayi magidanci mai 'ya'ya a makaranta.

Akwai wani kuskure da ya fi waɗannan zurfi, shi ne ɗaukar fili ɗaya-ɗaya a matsayin abin hukunci. Fom na mutum ɗaya ne, shari'a ta mutum ɗaya ce, lambar awo ɗaya ce. Ruwa kuwa bai san lambar awo ba. Manoman Kerala suna da kalmar padasekharam, wadda take nufin shimfiɗar fadama guda da gonakin mutane da yawa suke ciki, suna shan ruwa ɗaya, suna zubar da shi ta magudana ɗaya. A Kuttanad, inda ake noma a ƙasa da matakin teku a bayan shingayen ƙasa, abin da ya sa Hukumar Abinci da Noma ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta sa yankin cikin muhimman gadon noma na duniya a 2013, babu manomin da zai iya fitar da ruwa daga gonarsa shi kaɗai. Idan aka cike fangali ɗaya a bakin magudana, na kusa da shi zai jiƙe fiye da kima ko ya bushe, mai shi ya daina noma, bayan shekaru ya zo da hujja ta gaskiya cewa filinsa bai dace da shinkafa ba, ga gine-gine sun kewaye shi. Kotu ta duba ta ga haka ne. Kowane hukunci daidai yake idan aka ɗauke shi shi kaɗai, jimillarsu kuma fadama ce ta ɓace. Doka ta ce a duba ko sauyin zai cutar da gonakin maƙwabta, ta kuma ce filin da ya wuce rabin eka a ware kashi goma cikin ɗari nasa don riƙe ruwa, amma jami'in da ke gaban tulin fom ba shi da taswirar ruwan yankin a gabansa.

Ambaliyar Agusta 2018, wadda ta kashe fiye da mutum 400, ta tuna wa jihar abin da fadama take yi ban da ba da shinkafa. Ba daidai ba ne a ce cike fadamu ne ya kawo ta; ruwan sama ne ya wuce misali, madatsun ruwa suka cika aka buɗe su. Amma ruwan da ya sauko yana neman inda zai kwanta, kuma ya nufi inda ya saba kwanciya. Filin jirgin saman Kochi, wanda aka gina a ƙasa mai kwari kusa da kogin Periyar, ya shafe kusan mako biyu a rufe. Mazaunin birnin Kano da ya ga an cike kududdufin unguwarsu an yi shaguna, ya kuma ga inda ruwan Agusta ya koma, ba ya buƙatar a yi masa dogon bayani a kan wannan.

Abin da nake gani ya dace shi ne a sauke wa kalmar nilam ɗaya daga cikin kayan da take ɗauke da su. Kundi ya sami gurbi biyu. Gurbin farko ya faɗi yadda ƙasa take a yau, gida ne ko gonar kwakwa ko shinkafa, a gyara shi duk lokacin da awo ya nuna ya saɓa wa zahiri, ba tare da wannan gyaran ya halatta komai ba. Gurbi na biyu ya faɗi abin da aka yarda a yi a wurin, a yanke shi bisa taswirar ruwa ta dukan padasekharam, bayan an saurari manoman da ke ciki. Da haka banki zai iya ganin cewa gida ne a filin masunci ba tare da an jira shekara ba, mai tifa kuma ba zai sami komai daga sauya zahiri ba, tunda gurbi na biyu ba ya motsi da motsin na farko. Sabon awon da aka fara a 2022 dama ce ta yin haka, in har ba a mayar da shi kwafe tsohon rubutu cikin kwamfuta ba.

Kuskuren rumbun bayanai kuwa na gwamnati ne, kwamitocinta ne suka yi shi. Bai dace a ce kowane mai fili ya zo shi kaɗai ya biya kuɗin hoton tauraron ɗan'adam don ya wanke kansa daga kuskuren da ba shi ya yi ba. Hotunan shekarar 2008 suna hannun cibiyar gwamnati. Ana iya ɗaukar ƙaramar hukuma ɗaya bayan ɗaya, a ɗora jerin filaye a kan hotunan, a fitar da sakamakon a bainar jama'a, a ba da wa'adin ƙorafi, a cire gidajen da aka sa bisa kuskure, a kuma mayar da fadamun da suka zame daga jerin. Wannan ɓangare na ƙarshe shi ne wanda tsarin fom ba zai taɓa yi ba, domin babu mai fili da zai kai kansa ofis ya roƙi a rubuta filinsa nilam.